Darasi na Tara: Bangaskiya, Ayyuka da Shari'a a Wasiƙun Bulus da Yakubu

Littattafan Sabon Alkawari 27 ne, kuma 21 daga cikinsu wasiƙu ne. A wannan darasi za mu ɗauki uku: Galatiyawa, Romawa da Yakubu. Su ne suka fi zurfafa a kan tambayar da har gobe ake tafka muhawara a kanta a majami'un Damilu da Jambutu da sauran unguwannin Jimeta: me ke sa Allah ya karɓi mutum? Bangaskiyarsa ce, ko ayyukansa, ko kiyaye dokokin addini?

Ajinmu ya haɗa Kirista da Musulmi, don haka a sani tun farko cewa ba wa'azi aka zo yi ba. Koyon karanta tsohon rubutu ne da adalci, har mutum ya iya faɗin abin da marubucin yake nufi, ko ya yarda da shi ko bai yarda ba.

Wasiƙa daga gaisuwa ake fara ta

Manya a cikinku sun tuna zamanin da babu wayar hannu. Ɗa yana aiki a Legas ko Fatakwal, sai takardarsa ta iso. A kira ɗan makaranta, a shimfiɗa tabarma, ya karanta tun daga gaisuwa har zuwa sa hannu, kowa yana kasa kunne. Ba mai cewa ya tsallake zuwa layi na goma ya karanta shi kaɗai. Haka aka saurari waɗannan wasiƙu da fari. Yawancin masu bi na farko ba su iya karatu ba, kuma ba su da ginin majami'a. A gidan wani suke taruwa, mutum ɗaya ya karanta da ƙarfi.

Bulus ma, marubucin Galatiyawa da Romawa, ba shi ke riƙe alƙalami ba, shifta yake yi wa magatakarda. Wanda ya rubuta masa wasiƙar Romawa sunansa Tartiyas, har ya saka tasa gaisuwar a sura ta 16. A farkon wannan surar Bulus ya gabatar da wata mata, Fibi, mai hidima a ikilisiyar Kankiriya kusa da Koranti, kuma yawancin masana suna ganin ita ta kai takardar Roma. A ƙarshen Galatiyawa kuwa ya karɓi alƙalamin da kansa, ya ja hankalinsu ga manyan haruffan da hannunsa ke yi.

Lambobin da kuke gani a Littafi Mai Tsarki daga baya aka sa su. Wani limamin Ingila, Stephen Langton, shi ya raba surori a ƙarni na 13, sai wani mai ɗab'i, Robert Estienne, ya sa wa ayoyin Sabon Alkawari lamba a 1551. Lambobin suna taimakawa wajen neman wuri, amma sun koya mana mugun hali: tsinko aya ɗaya a jefi abokin gardama da ita. Saboda haka kafin ku ɗauki kowace aya, ku tambayi abu uku. Wa ya rubuta? Su wa ya rubuta wa? Wace rigima ce ta sa shi rubutun?

Abu ɗaya kuma dole a share. Duk inda Bulus ya ambaci Shari'a, Attaurar Musa yake nufi, wato dokokin da aka ba Isra'ilawa, irin su kaciya, Asabar, da abincin da aka halatta ko aka haramta. Ba shari'ar Musulunci ba ce, wadda ta zo bayansa da kusan shekara 600, ba kuma ta kotu ba.

Galatiyawa: rigimar da ta tashi a bakin akushi

Galatiya tana tsakiyar ƙasar Turkiyya ta yau. Bulus ya kafa ikilisiyoyi a can tsakanin mutanen da ba Yahudawa ba, waɗanda Littafi Mai Tsarki ke kira al'ummai. Ya rubuta musu wani lokaci tsakanin shekara ta 48 da 55. Bayan tafiyarsa wasu malamai sun zo sun ce musu: gaskata Almasihu ya yi kyau, amma ba ku cika 'ya'yan Ibrahim ba sai kun yi kaciya kun ɗauki Attaura.

Mu nan da wuya mu ji nauyin wannan magana, domin kaciya abu ne na kusan kowane gida. Ga Helenawa da Romawa kuwa abin kunya ne da ba'a, ga azaba ga babban mutum. Sama da haka, yin ta yana nufin mutum ya bar al'ummarsa ya koma Bayahude. Tambayar ke nan: sai mutum ya canza ƙabila kafin ya shiga jama'ar Allah?

Bulus ya fusata ƙwarai. A sauran wasiƙunsa ga ikilisiyoyi yakan fara da yi wa Allah godiya ko yabo. A nan, daga gaisuwa sai faɗa. A sura ta 2 ya ba da labarin da ya kamata ku karanta a hankali, domin shi ne zuciyar wasiƙar.

A Antakiya abin ya faru, ɗaya daga manyan biranen daular Roma. Masu bi Yahudawa da na al'ummai suna cin abinci tare. Bitrus, babban almajiri, ya zo ya zauna a cikinsu, yana sa hannu a akushi ɗaya da mutanen da ba su da kaciya. Ana nan sai ga baƙi daga Urushalima, daga wajen Yakubu, shugaban masu bi a can. Bitrus ya ji tsoron abin da za su ce, ya fara janye jiki, har ya ware. Sauran Yahudawa suka bi shi, har da Barnaba, abokin tafiyar Bulus. Ku sa kanku a matsayin wanda ya yi girkin. Jiya babban manzo ya ci tuwonka ya sa maka albarka, yau ya ga ka shigo ya koma wancan gefe. Ba wanda ya ce maka kai ƙazami ne, amma ka gane. Bulus ya tashi a gaban kowa ya tsawata wa Bitrus, ya kira abin da suka yi munafunci.

Daga wannan zaman cin abinci ne babbar koyarwarsa ta fito, abin da fastoci ke kira baratarwa ta wurin bangaskiya. Allah yana karɓar mutum saboda dogararsa ga Yesu Almasihu, ba saboda ya cika ayyukan Attaura ba. Hujjarsa Ibrahim ne: Allah ya yi masa alkawari, ya gaskata, aka lasafta masa adalci, kuma a lissafin Bulus sai bayan shekara 430 aka ba da Shari'a. Abin da ya zo daga baya ba zai soke alkawarin farko ba. To mene ne amfanin Shari'ar? Ya ce kamar bawan nan ce da attajiran zamaninsa ke sa wa ya riƙa raka yaro makaranta yana tsaronsa. Aikinsa na gaske ne, amma yana ƙarewa in yaro ya girma.

Wanda ya tsaya a sura ta 3 zai ɗauka Bulus ya ce kowa ya yi abin da ya ga dama. Ku ci gaba zuwa 5 da 6. A can ya ce bangaskiyar da yake nufi ita ce mai fitowa fili ta hanyar ƙauna, ya ce ƙaunar maƙwabci ta tattara Shari'a duka, ya jera halayen da ke hana mutum gādon mulkin Allah, cikinsu har da hassada, tsattsaguwa da buguwa. Tun a sura ta 2 ma ya ambata cewa da shugabannin Urushalima suka amince da aikinsa, roƙo ɗaya suka yi masa, ya riƙa tunawa da matalauta, shi kuwa dama abin da ke ransa ke nan.

Romawa: magana ɗaya, cikin natsuwa

Wajen shekara ta 57 Bulus ya rubuta wa Roma daga Koranti. Bai taɓa zuwa can ba, ba kuma shi ya kafa ikilisiyar ba, don haka ya sassauta murya ya shimfiɗa hujja daki-daki har sura 16. A nan ma akwai tarihi a baya. Wajen shekara ta 49 Sarki Kalaudiyas ya kori Yahudawa daga Roma, cikinsu har da Akila da matarsa Bilkisu. Bayan mutuwarsa a 54 suka fara komawa, suka tarar al'ummai sun yi yawa a ikilisiya. Yanzu Bayahude ne ake yi wa kallon baƙo.

Surori uku na farko suna rushe fahariyar kowa: da mai Attaura da marar ita, duk masu zunubi ne, duk alheri suke bukata. Sura ta 4 ta dawo ga Ibrahim da hujjar da kowa zai iya dubawa. A Farawa 15 aka lasafta masa adalci, a Farawa 17 ya yi kaciya. Ke nan an karɓe shi tun yana marar kaciya, shi ya sa ya zama uban ɓangarorin biyu. A sura ta 6 Bulus da kansa ya kawo tambayar masu suka, ko a ci gaba da zunubi tunda alheri ya yawaita, ya kuma ƙi ta sarai. A sura ta 7 ya ce Shari'a tsattsarka ce, laifin yana ga zunubin da ke cikin mutum.

Ni dai sura ta 14 na fi so ku riƙe. Wasu a Roma ganye kawai suke ci don gudun naman da bai halatta ba, suna kuma girmama wasu ranaku. Wasu suna cin komai. Wanda ya tsaya tsayin daka a wasiƙar Galatiyawa cewa ba za a tilasta wa kowa dokar abinci ba, shi ne a nan yake cewa kada mai ci ya raina marar ci, kada marar ci ya hukunta mai ci, kuma gara mutum ya haƙura da nama da ya sa ɗan'uwansa tuntuɓe. Ashe ba dokar kanta yake yaƙi da ita ba. Abin da ba ya jurewa shi ne a mai da ita katangar da za a tare wani a waje.

Yakubu: ina shaida?

Bisa al'adar ikilisiya, marubucin wasiƙa ta uku shi ne Yakubu ɗan'uwan Yesu, shugaban masu bi a Urushalima. Masanin tarihi Bayahude, Yusufus, ya rubuta cewa an jefe shi a shekara ta 62. A taron Urushalima da ke cikin Ayyukan Manzanni 15, shi ya kawo shawarar kada a ɗora wa al'ummai kaciya, sai dai su guji abin da aka yanka wa gumaka, da jini, da abin da aka maƙure, da fasikanci.

Wasiƙarsa gajera ce, sura 5, kuma babu kaciya ko dokar abinci a cikinta ko sau ɗaya. Damuwarsa dabam ce. Sura ta 2 ta buɗe da mutum biyu da suka shigo taron sujada, ɗaya da zoben zinariya da tufafi masu ƙyalli, ɗaya da tsumma. Aka tarbi na farko da kujera mai kyau, aka ce wa na biyu ya tsaya can ko ya zauna ƙasa. Sai kuma ɗan'uwa ko 'yar'uwa da ba su da sutura, ba abincin yini, wani ya sallame su da fatan alheri bai miƙa musu komai ba. Irin wannan bangaskiya Yakubu ya kwatanta da gawa. Ya ƙara da cewa yarda da kaɗaitar Allah abu ne mai kyau, amma aljanu ma sun yarda da haka, har suna rawar jiki.

Sura ta 5 ta fi zafi. Tana magana da masu gonaki da suka danne ladan waɗanda suka yi musu girbi, tana cewa kukan ma'aikatan ya kai kunnen Ubangiji. Wannan ba ya bukatar dogon sharhi a garin da ake noman rani a Geriyo, ake kuma ta gine-gine a Damilu. A ce lebura ya wuni yana dakon bulo da kwaɓa siminti, yamma ta yi ya wanke hannu ya tsaya a ƙofa, maigida ya leƙo ya ce: "Ɗana, ka dawo gobe, Allah ya yi albarka." Gobe ta zama jibi. Ran Lahadi ko Juma'a kuma maigidan yana sahun gaba. Da shi Yakubu yake.

Sun saɓa wa juna ne?

Ga inda ɗalibai kan rikice. Romawa 3:28 ta ɗora kuɓuta a kan bangaskiya ba tare da ayyukan Shari'a ba. Yakubu 2:24 ta ce bangaskiya ita kaɗai ba ta isa ba, sai da ayyuka. Dukansu kuma Ibrahim suka kira shaida, har aya ɗaya suka ɗauko daga Farawa 15.

Ku koma ga tambayoyin nan uku. Ayyukan da Bulus ya ce ba sa kuɓutarwa, a Galatiya, su ne kaciya da sauran alamun zama Bayahude, kuma a Romawa ya faɗaɗa maganar ta haɗa duk abin da mutum zai yi taƙama da shi a gaban Allah. Ayyukan da Yakubu ke nema su ne ciyar da mayunwaci, kula da marayu da gwauraye, biyan lebura, da tsare harshe. Bangaskiyar da Bulus ke yabo dogara ce da ke juya rayuwar mutum. Wadda Yakubu ke suka ta fatar baki ce. Bulus ya tsaya a Farawa 15, ranar da Ibrahim ya gaskata alkawari. Yakubu ya wuce zuwa Farawa 22, ranar da ya ɗauki ɗansa zuwa dutsen hadaya, ya ce a nan bangaskiyarsa ta cika.

A ganina wannan ya warware mafi yawan kullin, amma ba na so mu goge bambancin gaba ɗaya. Muryoyi biyu ne, kuma kowanne akwai abin da yake tsoro. Waɗanda suka tattara Sabon Alkawari sun ga haka, suka bar su biyun a littafi ɗaya.

A kula da wani kuskure kuma. An daɗe ana wa'azi kamar Yahudawan zamanin Bulus suna ƙoƙarin sayen aljanna da ayyuka ne. A 1977 wani masani Ba'amurke, E. P. Sanders, ya bi rubuce-rubucensu ya nuna cewa su ma sun ɗauki zaɓen da Allah ya yi musu a matsayin alheri, kiyaye Attaura kuwa amsa ce ga wannan alherin. Ba daidai ba ne a ɗauki Bulus a mai da shi sandar dukan wani addini. 'Yan'uwa Musulmi a ajin nan sun san cewa a nasu tarihin ma an yi doguwar muhawara kan imani da aiki, tsakanin Khawarijawa da Murji'awa da malaman Sunna, kuma duk wanda ya karanta babin aƙida na Risala a zaure ya gamu da batun.

Daga Jamus zuwa Numan da Jimeta

Wannan muhawara tana da gida a Adamawa fiye da yawancin wurare a Nijeriya. Martin Luther, wanda ya tayar da gyaran ikilisiya a Jamus a 1517, daga Romawa da Galatiyawa ya samo ƙarfinsa. A gabatarwar Sabon Alkawarin da ya fassara a 1522 ya kwatanta wasiƙar Yakubu da busasshiyar ciyawa in aka gwada ta da na Bulus, ko da yake bai cire ta ba. Ikilisiyar Katolika ta mayar da martani a taron Trent a 1547, aka shiga ƙarnuka ana la'antar koyarwar juna.

A 1913 wani likita ɗan ƙasar Denmark, Niels Bronnum, ya sauka Numan a ƙasar Bachama. Daga aikinsa ne ikilisiyar LCCN ta Lutheran ta tsiro, kuma makarantar horar da fastocinta da ke Mbamba kusa da Yola sunansa take ɗauke da shi. Ikilisiyar EYN ta faro a Garkida a 1923. A 1940 kuma limaman Katolika 'yan Ireland suka iso Yola, kuma 'yan ƙungiyar Agustin ne, wato ƙungiyar da Luther kansa ya kasance a cikinta kafin rabuwar. 'Ya'yan gida ɗaya da suka ɓata a Turai suka sake haɗuwa a bakin Binuwai.

Ran 31 ga Oktoba 1999, a Augsburg ta Jamus, Tarayyar Lutheran ta Duniya da Ikilisiyar Katolika suka sa hannu a wata sanarwa ta haɗin gwiwa. Gundarinta shi ne, ta alheri ake karɓar mutum, ta wurin bangaskiya, ba don cancantarsa ba, kuma Ruhun da ya karɓa shi ke kiransa ga kyawawan ayyuka. Daga 2017 zuwa 2023, shugaban wannan Tarayya ta Duniya ɗan Adamawa ne, Akbishop Musa Panti Filibus na LCCN.

Saboda mishan-mishan sun raba ƙasa a tsakaninsu, ɗarika ta bi ƙabila a yankinmu: LCCN ta fi yawan Bachama da Lunguda, EYN ta fi yawan Bura da Margi da Higi. Wannan tarihi ne, ba abin kunya ba. Amma ranar da aka hana aure, ko aka ƙi zaɓen dattijon ikilisiya don yarensa, an koma Antakiya, an tashi daga bakin akushi.

Tambayar Yakubu kuwa ta zo mana da ƙafarta a ƙarshen Oktoba 2014, lokacin da Mubi ta faɗa hannun Boko Haram, hedkwatar EYN da ke Kwarhi ma ba ta tsira ba. Jama'a suka kwararo Yola da Jimeta, da yawa a ƙasa. Mafi yawansu ba sansani suka shiga ba, gidajen 'yan'uwa da na baƙi ne suka buɗe musu, Musulmi da Kirista. Harabar majami'ar Saint Theresa ta cika da mutane, ana rabon hatsi ba a tambayar addini. A 2021 Bishop Stephen Dami Mamza ya buɗe rukunin gidaje 86 a Sangere-Marghi domin waɗanda ba su iya komawa gida ba, aka gina musu makaranta da majami'a da masallaci. Wasu Kiristoci sun soki gina masallacin. Ku auna sukar da abin da kuka karanta a Romawa 14 da Yakubu 2, ku ga inda za ku tsaya.

Aikin aji da na gida

Ku kasu gida biyu. Kashi na farko su karanta Galatiyawa gaba ɗaya da murya, ana karɓa-karɓa, wanda bai ƙware ba ya ɗauki aya biyu ko uku. Kashi na biyu su yi haka da Yakubu. Kowane kashi ya zaɓi mutum ɗaya da zai faɗa wa ɗayan, da bakinsa ba da karatu ba, su wa aka rubuta wa da abin da ya ɓata wa marubucin rai.

A gida, kowa ya rubuta layi goma a kan ɗayan waɗannan. Na ɗaya: kai ne mai gidan da Bitrus ya daina ci a wurinsa, rubuta masa takarda. Na biyu: nemi wata dattijuwa a unguwarku da ta sauki 'yan gudun hijira a 2014, ka tambaye ta mutum nawa suka kwana a gidanta, me aka ci, wa ya taimaka, ka rubuta abin da ta ce ba tare da sunanta ba. A zo da Romawa sura 12 zuwa 15 a karance mako mai zuwa.